Firjin da Darakta Bai Taɓa Gani Ba

Shekara talatin da ɗaya ina riƙe da makullin ɗakin ajiyar kayan shaida na kotu, kuma ko allura ba ta taɓa ɓata a hannuna ba. Abin tinƙahona ke nan a duniya, don haka idan na maimaita shi a yi haƙuri. Ɗakin yana can bayan kotu kusa da banɗaki, da taga ɗaya da fanka mai kuka. A ciki akwai adduna, tayoyi, wayoyi a leda, keken ɗinki, da wani ƙyauren ƙofa da aka yi shekara tara ana shari'a a kansa har masu rigimar suka mutu suka bar mini. Kowa Baba Sito yake ce mini, har alƙalai.

A cikin duk tarkacen nan babu wanda ya ci mini wuri kamar shaida mai lamba huɗu. Firji ne mai ƙofa biyu, ya fi ni tsawo, sai da ƙarti huɗu suka shigo da shi a karkace.

Firjin na wata mata ce da ake kira Sista. Ta yi aikin jinya har ta yi ritaya, sai ta kama shago a titin da ke bayan gidan yari za ta sayar da magani. Doka ta ce ba a ba da lasisin shagon magani sai da firji, saboda akwai alluran da zafi ke lalatawa. Ta sayo sabo fil. Kwana tara da sayensa Daraktan ofishin ba da lasisi ya zo duba shago da kansa. Bai dubi rufi ba, bai dubi kanta ba, firjin ya tsaya yana shafawa. Ya ce wannan ai ya fi ƙarfin ɗan shago irin wannan, a falo ya dace. Sista ba yarinya ba ce, ta gane karatun. Washegari ta sa aka kai masa gida.

Bayan wata huɗu amsar takardarta ta fito. An hana ta lasisi, dalili kuwa shi ne shagon ba shi da firji.

To, ko dutse ne a ƙirjin mutum ai ya motsa. Sista ta ɗauki jakarta ta tafi hukumar yaƙi da cin hanci ta zayyane musu komai, har da nata laifin na bayarwa. Jami'ai suka je gidan Darakta suka tarar da firji a falo yana aiki, da gorunan ruwa a ciki sun ƙanƙare.

Yanzu sai in faɗi abin da nake ta kewayewa. Daraktan nan mijin ƙanwata ne. Autarmu yake aure, wadda na raina a hannuna bayan rasuwar iyayenmu, ni na kai ta makaranta a kan kekena. Shekara ashirin da aurensu bai taɓa ce mini Yaya ba. Malam Sito yake ce mini, kuma idan na je gidan kujerar da ke kusa da takalma ake nuna mini. Babu wanda ya tambaye ni ko ina da dangantaka da wanda ake tuhuma. Wa zai tambayi mai sito? Ai ba a ɗauka muna da dangi.

An yi wata goma sha ɗaya ana shari'a. Rabin ɗage zaman daga Darakta ne, wai ciwon sukarinsa ya tashi. Ciwon gaskiya ne, yana yi wa kansa allura safe da yamma, sai dai ciwon ya san ranakun kotu fiye da magatakarda. Ɗaya rabin kuma daga lauyan gwamnati ne, wanda muke kira Sai Gobe, domin ban taɓa ganin ya miƙe a gaban alƙali bai nemi a ƙara masa lokaci ba.

Ranar da Darakta ya shiga akwatin shaida na bar sito na leƙa. Ya yi rantsuwa, ya dubi firjin da aka turo gaban kotu kamar yau ya fara ganin irin halittar. Ya ce bai san shi ba, bai taɓa buɗe shi ba. Ya ce da safiyar ranar da jami'ai suka zo aka sauke shi yana ofis, makirci ne na matar da ya hana lasisi saboda bin doka. Aka ce to wa ya jona shi da wuta? Ya ce masu aikin gida ne, jahilci. Aka ce ƙanƙarar fa? Lauyansa ya kawo wani masani da ya yi awa biyu yana bayanin cewa ruwa na iya daskarewa cikin awa uku. Direban da ya kai firjin kuwa ya ce shi kwanan wata ba ya zama masa a ka.

Mai shari'a ya karanta hukunci shafi arba'in da bakwai, ya ce akwai shakka, ya wanke Darakta tas. A cikin shafi arba'in da bakwai ɗin nan bai ce uffan ba a kan wanda zai ɗauki firji, aka sake turo mini abina.

A gidan Darakta aka yi taro, aka kafa rumfa, ya yi jawabi ya ce gaskiya ta yi halinta. Ni ina daga wajen takalma ina kallon falon. Inda firjin ya zauna tayil ɗin ya fi sauran haske, kuma duk matar da ta shigo sai ta saci kallon wurin ta yi murmushi. Na ga Auta ta jawo tebur ta rufe.

Sista kuwa ruwa ya ƙare wa ɗan kada. Shagonta a rufe, kuma 'yan sanda sun aiko mata cewa za a gurfanar da ita kan yi wa hukuma ƙarya. Abin da ya tsayar da su ɗaya ne: gwamnati na da kwana talatin ta ɗaukaka ƙara a kan hukuncin da ya wanke Darakta. Idan kwanakin suka wuce ba a ɗaukaka ba, hukunci ya zauna, Sista ta zama maƙaryaciya a takarda, sai ta shiga akwatin da Darakta ya fito.

Kullum tana zuwa ta zauna a bencin da ke gaban ofishin Sai Gobe, jaka a kan cinya. Bencin yana kallon ƙofata. Rana ta ashirin na ji shi yana ce mata, "Sista, kotun sama ba ta sauraron ɓacin rai. Sai mu nuna alƙali ya yi kuskure, ko mu kawo wani sabon abu da ba a gani ba. Ni kuma ba ni da ko ɗaya. Ki dawo gobe."

Da ya wuce na miƙa mata ruwa. Na ce ko za ta nemi a ba ta firjinta ta huta, tunda babu mai musun ita ta saya.

Ta ce, "Baba, in ɗauka in kai ina? Ni ba firji nake nema ba yanzu. Shekara talatin ina riƙe da makullin ɗakin magani a asibiti, ƙwaya ɗaya ba ta ɓata ba. So nake a ce ban yi ƙarya ba."

Maganar ta zauna mini a ƙirji, na koma sito na hau kakkaɓe abin da na riga na kakkaɓe.

Rana ta ashirin da shida, ranar Alhamis, da misalin sha ɗaya na safe, sai ga ƙamshin turare ya riga mai shi shigowa. Darakta ne, babbar riga tana shara, ya tsaya a bakin ƙofa yana toshe hanci.

"Malam Sito, na zo ɗaukar firjina."

Wallahi na ɗauka kunnena ne. Na ce, "Ranka ya daɗe, wane firjin?"

"Firji nawa gare ku? Wancan. Kotu ta ce ba cin hanci ba ne. Abin da ba cin hanci ba kuwa kyauta ne, kyauta kuma ta wanda aka ba ce. Ana wannan zafi allurata tana cikin ƙaramin firjin kicin tare da kifi. Ga motar ɗaukar kaya can na zo da ita."

Na ce, "Lauyanka ya san ka zo?"

Ya ce lauya ya gama aikinsa. Ashe tun ranar taron ya daina ɗaga wayar mutumin, wanda ya ce masa ya kulle bakinsa ya zauna a gida har kwana talatin su cika. Shi Darakta ya ji a wani wuri cewa ba a yi wa mutum shari'a sau biyu a kan laifi ɗaya, ya riƙe wannan ya yar da sauran karatun.

Ka'idar sito ita ce ba a fitar da ko tsinke sai mai nema ya cika fom. Fom ɗin yana tambaya uku: yaushe kayan ya zama naka, ta wace hanya, kuma waɗanne alamu ne a jikinsa da za su nuna naka ne. An yi shi ne don kada wani ya zo ya nuna babur ɗin da ba nasa ba. Kofi uku ne da takardar kabon a tsakani. Fari na fayil, ruwan ɗorawa na mai nema, shuɗi kuma ana kai wa lauyan gwamnati ya sa hannu cewa ba shi da ja.

Na fito da fom ɗin amma ban sake shi ba. Allah ya gani, sau uku na yi ƙoƙari. Na ce, "Ranka ya daɗe, da ka bari zuwa mako mai zuwa." Ya ce mako mai zuwa suna da baƙi. Na ce, "Ka karanta ƙasan takardar, inda aka rubuta wanda ake kai wa shuɗin." Ya ce shi da ya shekara ashirin da biyar yana sa hannu a takarda ba mai sito ne zai koya masa karatu ba. Na sassauta murya na ce, "Don darajar Auta, ka koma gida."

Nan ne ya cire tabarau ya dube ni tun daga hula har silifa.

"Kai Malam Sito, matsalarku ke nan ƙananan ma'aikata, kowa so yake ya zama alƙali. Ko wani abu kake jira in ba ka ne? Aikinka ɗaukar takarda ne ka kai inda aka ce. Ba ni nan."

Na ba shi. Har biro na ba shi, nawa, don nasa na zinariya ba ya danna kabon.

Ban taɓa ganin mai nema ya cika fom da kyau haka ba. Wajen kwanan wata ya ɗan yi tunani, ya ce washegarin ranar da ya je duba shagon ne, ya buɗe wayarsa ya tabbatar, ya rubuta. Wajen hanya ya rubuta kyauta daga mai shagon magani. Da ya zo kan alamu kuwa sai abin ya zama nishaɗi. Ya rubuta cewa durowar ƙasa ta tsage ta gefen hagu, tun sati na biyu da mai aiki ta cusa kankana. Ya rubuta cewa filogin ba na asali ba ne, shi ya canza da hannunsa ya naɗe da jan salatif. Ya rubuta cewa ƙofar dama sai an ɗan ɗaga ta take rufuwa. Layin ya ƙare, ya juya bayan takarda ya ci gaba.

Ya ce, "Je ka duba, idan na yi ƙarya."

Na buɗe na duba. Durowa a tsage ta hagu, salatif ja, ƙofa sai an ɗaga. Na ce, "Ranka ya daɗe, yau kam ba ka yi ƙarya ba."

Ya sa hannu ya buga hatiminsa na ofis, wanda ba a ma nema ba. Na ce masa sai lauyan gwamnati ya amince, ya dawo Litinin. Ya yi tsaki ya ce ma'aikatun ƙasar nan ba su da tsari, ya karɓi ruwan ɗorawarsa ya fita.

Na zauna da shuɗiyar takarda a gabana. Kada wani ya ɗauka daɗi nake ji. Na ji daɗi na minti biyu, ban musa ba, daga nan sai tsoro da baƙin ciki suka rufe ni. Ofishin Sai Gobe taku arba'in ne daga ƙofata, amma har aka yi azahar ban tashi ba.

Ƙarfe biyu da rabi Auta ta shigo, mayafi a karkace. Rabonta da sitona tun tana 'yar makaranta. Ashe da Darakta ya koma gida ya nuna mata ruwan ɗorawar yana alfahari, ita kuma da yake ta fi shi kai ta kira lauyan, lauya ya ce mata abin da ya ce.

Ta durƙusa a kan simintin nan mai ƙura. Ta ce, "Yaya, ka yaga ta. Daga kai sai ni sai Allah. Wawa ne, na sani, na fi kowa sani. Amma uban 'ya'yana ne, kuma ba shi da lafiya. Hannunka ba ya ruɓewa ka yanke ka yar."

Na ce, "Tashi, Auta, kayanki za su ɓaci."

"Ba zan tashi ba. Kai ka raine ni. Ban taɓa roƙonka komai ba."

Gaskiya ta faɗa, ba ta taɓa ba. Na dubi takardar. Siririya ce, ko ƙarfi ba sai na sa ba. Ta ƙofar da Auta ta bari a buɗe kuma ina hango benci, Sista na zaune da jakarta a cinya, ta gyangyaɗa kai tana barcin gajiya.

Na ce, "Idan na yaga, waccan matar za a ɗaure."

"Ita 'yar'uwarka ce?"

"A'a."

"To?"

Na ce mata shekara talatin da ɗaya ko allura ba ta ɓata a ɗakin nan ba. Ta ce in jiƙa shekarun in sha. Na ɗaga ta, ta fizge hannunta. Na kulle sito, na yi taku arba'in ɗin nan.

Sai Gobe yana cin gyaɗa a kan fayil. Ya karɓi takardar da hannun hagu, ya ɗauki biro zai sa hannu ba tare da ya karanta ba, yadda ya saba. Na ce, "Barista, akwai rubutu a baya." Ya juya. Ya karanta gaba, ya karanta baya, ya sake komawa gaba. Ya ture gyaɗar gefe. A ranar, kafin a rufe rajista ƙarfe huɗu, mutumin da bai taɓa yin abu a ranarsa ba ya shigar da takardar ɗaukaka ƙara da roƙon a karɓi sabuwar shaida.

Kotun sama ta ɗauki wata bakwai. Lauyan Darakta ya yi iya yinsa. Ya ce sukari ne ya hau wa wanda yake karewa ranar, bai san abin da yake rubutawa ba. Ɗaya daga cikin alƙalan ukun, wata dattijuwa mai magana a hankali, ta tambaya ko hawan sukari yana sanar da mutum kalar salatif ɗin da ke bayan firjin da bai taɓa gani ba. Aka kira ni na tabbatar da cewa a gabana ya rubuta, da birona. Ban dubi inda Auta take zaune ba. Suka soke hukuncin farko, suka ba shi shekara uku, suka kuma ce a mayar wa Sista kayanta.

Ranar da ta zo ɗauka na ba ta fom, ka'ida ka'ida ce. Da ta zo kan alamu ta tsaya da biro a hannu. Ta ce, "Baba, ni sabo na san shi, ba shi da alama ko ɗaya." Na ce ta rubuta haka. Sabon darakta ya ba ta lasisi cikin mako biyu, kuma an ce da ya je duba shago ko kallon inda firjin yake bai yi ba.

Auta ta daina yi mini magana. Idan na je gidan mai gadi ya ce ba ta nan, ina jin muryarta a ciki. 'Ya'yanta da na yi wa huɗuba suka daina gaishe ni. Dangi suka rabu biyu, masu cewa na yi daidai ma ba sa son a gan su tare da ni. Na yi ritaya a wannan shekarar, aka ba ni agogon bango da takardar yabo, na rataye su a ɗakin da babu mai shigowa ya gani.

Wata na biyar da ɗaure Darakta, ina zaune a ƙofar gida da hantsi, sai ga Auta. Ta rame. Ba ta gaishe ni ba, ba ta zauna ba, ta miƙo mini wata takardar likita.

Ta ce, "Allurarsa ce. Asibitin gidan yarin ba su da firji, sai dai a riƙa kai masa ta kwana bibbiyu da sanyinta. Na sayo daga cikin gari sau biyu, kafin in isa ta lalace a hanya. Shago ɗaya ne a kusa da wurin." Ta kau da kai. "Ba zan iya shiga ba, Yaya."

Na sa takalmina. Muka hau mota ɗaya, ta tsaya a bakin titi, ni na shiga.

Sista ta karanta takardar, ta ga sunan da ke kai. Na jira ta ce wani abu, don da ni ne sai na ce. Ta juya ta buɗe firjin, ta jawo durowar ƙasa mai tsaga ta hagu, ta ɗauko kwalba ɗaya. Ta naɗe ta da ƙanƙara a leda, ta sa a ƙaramin kwali, sannan ta ɗan ɗaga ƙofar dama ta rufe.

Ta ce, "Ka yi sauri da ita, Baba, kada ta yi zafi. Sauran suna nan a ajiye, jibi ka dawo."

Tun daga ranar ni nake kai masa, kwana bibbiyu. Yana karɓa ta tagar waya, ya duba kwalbar, ya taɓa ya ji sanyi. Bai taɓa tambayata daga wane firji take fitowa ba, ni ma ban faɗa masa ba. Ranar Talatar da ta wuce dai da na juya zan tafi na ji ya ce, "Sai jibi, Yaya."